Kifin da Aili Koskela Ta Watsar a Matakala

A shekarun da nake aiki a ɗakin injin kamfanin Halvorsen da Tait, masu jiragen ruwa na dakon tama, a nan Duluth da ke bakin babban tafki, duk wanda ya rubuta wa kwamfuta umarni sai ya ja layi a kan katunansa. Ba doka ba ce, al'ada ce. Umarni ɗaya kati ɗaya ne, an huda shi da ƙananan ramuka, kuma idan katunan suka taru sai a jera su a tsaye cikin dogon tire na ƙarfe, a matse. Daga nan mai su ya ɗauki alƙalami mai kaurin baki ya ja layi a karkace, daga wannan kusurwa zuwa waccan, a gefen katunan da ke kallon sama. Idan tsautsayi ya sa tiren ya kife, ɗigon tawadar da ke gefen kowane kati shi zai nuna kusa da inda gurbinsa yake.

Kowa layi yake ja. Aili Koskela kifi ta zana.

Kifi ne dogo da ya ratsa tire uku, kai a na farko, ciki a na biyu, wutsiya a na uku, da ɓawonsa da ƙayarsa da ido ɗaya mai kallon mutum. Ni ne mai zuba katuna a bakin inji, domin ban yi nisa a makaranta ba, kuma babu aikin da nake so kamar ranar da za a zuba nata. In na cire dunƙule guda sai kifin ya yi rauni. In injin ya karanta na mayar, sai ya warke.

Abin da ke cikin tire ukun nan tafinta ne. Injin ba ya jin komai sai lambobi, kuma da farko Aili da lambobin take yi masa magana, ita kaɗai a duk kamfanin. Jirgin tama kuwa ba a zuba masa kaya yadda aka ga dama. In ka cika rumbun tsakiya kafin na gaba da na baya, bayansa na iya karyewa tun yana ɗaure a tasha. Akawunan tasha su suka san wannan, amma ba su san lambobi ba. Sai Aili ta ƙirƙiro wani ɗan harshe da kalmomin da suke faɗa da bakinsu, irin su ZUBA da AUNA da JIRA, ta kuma rubuta tafintan da zai mayar da su lambobi. Ta raɗa wa harshen suna Siika, sunan wani farin kifi a yaren iyayenta mutanen Finlan.

Mista Dalby ya zo mana daga babban ofis na Cleveland a tsakiyar hunturu, tafki ya daskare, jirage duk suna kwance. Ya zo da takalmi mai siririn ƙasa, ya faɗi sau biyu a kan tudu kafin ya kai ƙofa. Dolores Wojcik, shugabar mata masu huda kati, ta leƙa ta taga ta ce, “Ga shi nan, ya zo ya koya mana tafiya.”

Ba mugun mutum ba ne. Ya tara mu ya ce sabon inji zai zo da rani, kuma daga ranar komai da FORTRAN za a rubuta, harshen da masu ƙera injin suka fitar, wanda ake koyarwa a jami'o'i, wanda in ka rasa mai rubuta shi yau gobe ka ɗauko wani. Tsofaffin tirori kuma za a ba mai sayen takarda.

Washegari da hantsi suka haɗu a kan matakala. Ɗakin masu huda kati yana sama, ɗakin injin yana ƙasa, tsakaninsu matakalar ƙarfe mai juyi da rami a tsakiya. Ina hawa da kofi, Aili tana saukowa tana rungume da tirorinta uku, ɗaya a kan ɗaya. Mace ce gajera, kakkaura, gashinta ya fara fari, kuma ba ta taɓa yarda wani ya ɗaukar mata su ba.

“Misis Koskela,” in ji Mista Dalby, “waɗannan ne kifin da ake ba ni labari?”

“Su ne. Kuma ba mai sayen takardan da zai taɓa su.”

“Ban raina aikinki ba. Na karanta abin da yake fitarwa, yana da kyau. Amma faɗa mini, in yau mota ta kwashe ki a titin Superior, wa zai gyara shi?”

“Ina duba hanya kafin in tsallaka.”

Mata suka fara leƙowa daga sama. Dolores ta jingina da ƙarfen matakala, taba a bakinta.

Ya ce, “Harshen da mutum ɗaya ya sani ba harshe ba ne, Misis Koskela. Sirri ne. Kamfani ba ya ɗora jiragensa a kan sirri.”

“Mutum ɗaya? Gus Lindahl, mai kula da lodi a tasha, da akawunansa kullum da shi suke rubutu. Matan nan su suka huda kowane kati da yatsunsu.”

“Gus yana magana da shi, bai san cikinsa ba. Su kuma sun huda, ba su karanta ba. Ko kin sa wa katunan lamba?”

A ƙarshen kowane kati akwai wurin da ake barin lambar jeri, saboda in sun zube a zuba su a injin tantancewa ya jera su kafin kofi ya huce. Aili ba ta taɓa sa wa nata ba. Cewa take mai yar da kati shi ke buƙatar lamba, ita kuwa ba ta yarwa.

“Ban sa ba,” in ji ta.

“Kin gani? Ko faɗuwa suka yi, in ba ke ba babu mai mayar da su.”

Na ga wuyanta ya yi ja. Ta dube shi, ta ɗaga kai ta dubi matan da ke sama, sannan ta ɗora tirorin a kan ƙarfen matakala ta kifar da su cikin ramin, ɗaya bayan ɗaya, ba gaggawa.

Ban taɓa ganin abu mai kyau da ban tsoro irin wannan ba. Katunan suka buɗe a iska kamar garken fararen tsuntsaye, suna juyi, suna shiga tsakanin matakai, wasu suna sauka a kafaɗata, ɗaya ya faɗa cikin kofina. Aikin shekaru ne, kuma babu wani kwafinsa a duniya.

“Ke, Aili! Kin haukace?” Dolores ta yi ihu, tabar ta faɗi.

Aili ta ajiye tirorin wayam a gaban Mista Dalby. “Ba zan taɓa kati ko ɗaya ba. Ba zan ce wa kowa ga inda wannan yake ba. In suka mayar da shi ya yi aiki, to ba sirri ba ne, sai ka bar shi ya rayu. In suka kasa, kira mai takardanka, na ma rage masa wahalar ɗauka.”

Mista Dalby ya dubi katunan da ke warwatse a ƙasa. Ya ce, “Suna iya tambayarki ma'anar kati. Ban da gurbinsa. Kuma ba a lokacin aiki ba.”

“Na yarda. Zuwa yaushe?”

Ya leƙa ta ƙaramar tagar matakala, inda ake hango tafki fari fat. “Zuwa ranar da jirgin tama na farko zai wuce ƙarƙashin gadar bakin tasha.”

Da ya tafi Dolores ta sauko a hankali tana tsallake katuna. “Sannu, uwar ɗaki. Kin yi rantsuwa da hannun mutane, ko tambayarmu ba ki yi ba.”

“In ba za ku yi ba ku faɗa.”

“Wa ya ce ba za mu yi ba? Na ce dai ba ki tambaya ba. ” Ta juyo gare ni. “Kai kuma Orrin, rufe bakinka ka nemo kwali. Kuma kada wanda ya kawo tsintsiya nan, in na ga tsintsiya sai na karya ta a bayan mai ita.”

Muka tsince su da hannu. A ɗakin cin abinci na ƙasa muka haɗa tebura, kuma tun daga ranar hutun rana ya daina zama na hutu. Mata suna cin burodi da hannun hagu, suna juya kati da na dama. Ranar Asabar Gus Lindahl yakan hawo daga tasha da kyafaffen kifi a takarda, babban mutum mai yatsu kamar itace, Dolores ta hana shi taɓa komai sai ya wanke hannu.

Farkon aikin ya yi daɗi. Kati mai ɗigon wutsiya ya tafi teburin wutsiya, mai ɓawo ya tafi ciki. Ni aka ba wa kan kifin, saboda na fi kowa daɗewa ina kallonsa. A hankali kifin ya fara fitowa, a karkace, kamar wanda ake hangowa ta cikin ruwa mai motsi. Muka yi murna da wuri.

Zane ba ya faɗin komai dalla-dalla. Inda layin tawada ya miƙe, katuna da yawa ɗigonsu iri ɗaya ne, kuma a wajen inji in kati ɗaya ya riga ɗan'uwansa, magana ta lalace. Dole sai an karanta abin da ke rubuce a saman kowanne, an gane me yake yi, sannan a san wa ke bin wa.

Aili tana zaune a kujera kusa da bututun ɗumama ɗaki, ta zauna a kan tafin hannayenta. Da gaske nake, a kansu take zama, don kada su miƙa da kansu.

“Wannan fa, me yake cewa?” in ji Dolores.

“Yana ajiye nauyin da aka auna a wani gurbi, don a dawo a ɗauka.”

“To ina ne gurbin?”

“Wannan tambayar wuri ce.”

“Tambayar ma'ana ce, 'yar rainin hankali!”

“Nemi wanda ke ɗauka, za ki ga gurbin.”

Gus ya sa baki. “Tsaya, Dolores. Ba a auna jirgi sai an jira ruwa ya kwanta. In wannan na AUNA ne, to na JIRA suna gabansa, ko ni ba Gus ba ne.”

“Kai da ko sunanka da yatsa ɗaya kake hudawa.”

“Da yatsa ɗayan na loda jiragen da suka fi cocinku tsawo.”

Haka suka yi ta yi. Gus ya san abin da ya kamata ya faru a tasha, matan sun san fuskar kowane kati kamar fuskar maƙwabci, sai ga shi suna haɗa sani biyun. Wata rana na ga Dolores ta ajiye wani kati a wurin da ba nasa ba. Na san ba nasa ba ne domin na ga Aili ta rufe ido. Kwanaki katin yana nan a gurbin banza, ita kuma tana ramewa a kujera, har ranar da Dolores da kanta ta dawo ta ce, “Wane sakarai ne ya sa wannan a nan?” ta cire shi.

Ni a lokacin har mafarkin kifin nake yi. Ina ganinsa a ƙarƙashin ƙanƙarar tafki, jikinsa duk ramuka, haske yana ratsa su.

Mista Dalby yakan leƙo wani lokaci. Ya sayi takalmin kirki. Sai ya tsaya a bakin ƙofa da kofinsa, ya dubi teburan, ya dubi Aili a kan hannayenta, ya wuce.

Sai iska ta juya. Ƙanƙarar bakin tasha ta yi duhu, ta fara tsagewa da ƙara kamar ana harbi. A gari ba a zancen komai sai ranar da jirgin farko zai fita. Mu kuwa kifi ya haɗu daga wutsiya har wuya, amma a kai, daidai tsakiyar ido, akwai siririn gibi. Kati ɗaya babu. Muka kwance ɗakin, muka bi matakala da gwiwa, na zura hannu a duk ramin da hannu ke shiga. Babu.

Ana cikin haka, da rana tsaka, muka ji ƙahon jirgi daga wajen gada, mai kula da gadar ya amsa masa da nasa ƙahon. Cokali ya faɗi daga hannun wata. Aili ta miƙe tsaye.

Mista Dalby ya shigo. Dolores ta tare shi tun kafin ya buɗe baki. “Yallaɓai, kafin ka ce komai...”

“Jirgin fasa ƙanƙara ne,” in ji shi. “Na tambaya. An ce mini a garin nan ba a lissafa shi.” Ya dubi gibin. “Amma na tama yana bayansa gobe da safe. Me ya rage?”

“Kati ɗaya.”

“Misis Koskela ta san abin da ke kansa.”

“Na sani,” in ji Aili. “Kuma ba zan faɗa ba.”

Dolores ta zauna. Ta ɗauko katin da ke gaban gibin da wanda ke bayansa ta ajiye a gabanta, Gus ya sunkuyo ta kafaɗarta. Suka yi ta gardama ƙasa-ƙasa, yana nuni da yatsa tana buge yatsan. Na gaban ya ɗauko lambar rumbu, na bayan yana tsalle zuwa wani wuri in rumbun ya cika. To a tsakiya dole akwai mai tambaya ko ya cika. Ta hau sama, muka ji injin hudarta ya yi ƙara, ta sauko da katuna sababbi guda biyu, farare, ba ɗigon tawada a gefensu.

Aili ta leƙa ta karanta. “Biyu? Ba haka na rubuta ba.”

“Mun sani. Haka muka rubuta.”

“Da kati ɗaya ake yinsa, Dolores. Wannan kwana-kwana ne, kamar mai zuwa titin Superior ya bi ta Kanada.”

“Koma kan hannunki, uwar ɗaki. Ke kika zubar. Wanda ya tsinta shi ke da magana.”

Na zaci Aili za ta fizge katunan. Hannunta har ya taso. Sai ta mayar da shi cikin aljihun rigar sanyinta, ta koma ta zauna.

Ni na zuba su a inji, kai da ciki da wutsiya. Bayansu na zuba lodin wani jirginmu na bara, wanda Gus ya san amsarsa da ka. Injin ya haɗiye, fitilunsa suka yi ta ƙyaftawa, sannan na'urar bugawa ta fara sara takarda. Gus ya yage ta, ya nisanta ta da idonsa yana bi da yatsa, yana motsa baki.

“Rumbu na biyu, na bakwai, jira, auna, na huɗu...” Ya ɗago. “Jirgina ne. Ko ni na loda shi sai haka.”

Matan suka kaure da ihu, wata ta ɗebi ɓarɓashin hudar kati ta watsa sama. Aili ba ta yi ihu ba. Ta dubi Mista Dalby ta ce, “To?”

“FORTRAN yana nan zuwa, Misis Koskela, kuma duk aikin ofis da shi za a yi, ke ma sai kin koya. Amma tasha ta riƙe kifinta. Za a mayar da shi kan sabon inji, ke da Misis Wojcik da Mista Lindahl.” Ya ɗan yi murmushi. “Abin da na nema tun farko ke nan, mutum fiye da ɗaya.”

“Ba kai ka nema ba. Ni na zubar.”

“Kuma a sa musu lamba.”

“A sa. Amma kifi yana nan.”

“Ban ce a goge ba.”

Har suka bar aiki, Aili da Mista Dalby kowannensu yana cewa shi ya ci. Siika ya yi shekaru a tasha bayan haka, Dolores ta ƙara masa kalmomin da Aili ba ta so, sababbin akawuna suka koye shi a bakin tsofaffi ba tare da sun san wa ta fara shi ba. An ce mini ma wata daga cikin matan ta tafi Minneapolis ta rubuta wa masu rumbunan alkama irinsa.

Ranar da aka ci, da yamma kafin a tashi, Aili ta ɗauki alƙalaminta mai kauri ta tsaya a kan tiren farko. Idon kifin yana da farin tsagi a tsakiya, inda katunan Dolores suke. Sai ta miƙa wa Dolores alƙalamin. Dolores ba ta iya zane ba, ta yi wani ƙaton ɗigo a karkace, kifin ya koma kamar mai harara. Haka ya zauna.

Da zafi ya shigo aka kashe bututun ɗumama ɗaki, ina sharar bayansa a ƙasan matakala sai ga katin, ya lanƙwashe, ya yi ruwan ƙasa, ɗigon ido a gefensa. Na kai wa Aili a guje. Ta karanta shi, ta yi ɗan tsaki mai daɗi.

“Ka gani? Kati ɗaya. Na faɗa mata.”

“In mayar da shi gurbinsa?”

Ta leƙa ɗakin sama, inda ake jin muryar Dolores tana koya wa wata sabuwa yadda AUNA ke bin JIRA.

“Ba shi da gurbi, Orrin. Jefar da shi.”

Ban jefar ba. Yana kan tagata, tsakanin duwatsun da nake tsinta a bakin tafki. In rana ta biyo ta ramukansa, sai su zuba a bango kamar ɓawon kifi.